Ido Ba Mudu Ba Ne: Kafin A Ce Mu Sayi Na Gida, Wa Zai Auna Na Gidan?

Masu iya magana kan ce, ido ba mudu ba ne amma ya san ƙima. Wannan magana ta yi wa Bahaushe rana a kasuwar hatsi da ta dabbobi shekaru aru-aru, domin dillalin da ya ƙware kan dubi sa a kara ya faɗi kuɗinsa ba tare da an ɗora shi a sikeli ba, kuma da wuya ya yi nisa da gaskiya. To amma akwai fagen da ƙimar ido ba ta da wani tasiri a cikinsa, wato fagen ƙera sassan injuna, inda bambancin da bai kai kaurin silin gashi ba kan raba tsakanin injin da zai shekara goma yana aiki da wanda zai tsaya kafin wata ya mutu. A kan wannan fage nake so mu yi nazari a yau, ganin yadda batun sayen kayan gida ya sake dawowa bakin mahukunta.

A kakar 2024 na kai ziyara Balan, cikin Ƙaramar Hukumar Gaya, na tarar da wani ɗan'uwana mai injin niƙa zaune a ƙofar rumfarsa ya yi tagumi. Fulin da bel ke ja ne ya tsage. Da ya shiga Kano ya ji kuɗin na waje, sai ya ga aljihunsa ba zai ɗauka ba, saboda haka ya kai tsohon wajen masu zubi suka narka sanholo suka zuba masa sabo, mai injin sassaƙar ƙarfe ya fafe masa rami, ya biya kusan rabin kuɗin na kanti ya dawo gida yana murna. A ido babu abin da ya raba sabon da tsohon. Amma da aka ɗaura, sai injin ya riƙa wata 'yar rawa da ba a saba ji ba. Cikin makonni kaɗan ya ci bel biyu, daga nan boris ya bi. Kwanakin da injin ya yi a tsaye, yara ne ke ɗaukar hatsi a ka zuwa wata unguwa, shi kuwa ribar da ya ɗauka ya ci ta tafi har da uwar kuɗi. Da na tambaye shi ko mai sassaƙar ya auna, sai ya ce, “Ya auna mana, da tsohon ya gwada.” A nan gizo ke saƙar. Tsohon da aka gwada da shi ya riga ya cinye, raminsa ya faɗaɗa, ya kuma karkace daga tsakiya. An kwaikwayi kuskure da gaskiya da amana.

Babu wanda zai ce mutanen wannan yanki baƙin ƙarfe ne. Tarihin baka ya nuna cewa Abagayawa, maƙeran da suka fito daga Gaya suna neman tama, su ne suka fara zama a gindin Dala, kuma binciken masana kayan tarihi ya tabbatar da cewa ana narka ƙarfe a wurin tun ƙarni na 7. Hannun yana nan har gobe. Wanda duk ya ratsa Ƙofar Ruwa ko Dakata a Kano, ko Panteka a Kaduna, ya ga yadda ake haɗa injin sussuka da na ɓarzar masara da na gyaran shinkafa daga ƙarafan da wasu suka zubar, zai jinjina wa matasanmu. Sai dai sana'ar maƙerin gargajiya an gina ta ne a kan abu ɗaya ga mutum ɗaya. Maƙeri kan dubi manomi ya ƙera masa garma daidai ƙarfinsa, idan ƙota ba ta shiga ba a ɗan sassaƙe ta. Masana'antar zamani kuwa an gina ta ne a kan cewa sashen da aka ƙera a Sharaɗa zai shiga injin da ke Ajingi ba tare da maƙerin ya taɓa ganin injin ba, kuma na dubu da ya ƙera zai yi daidai da na farko.

Turawa ma ba da wannan aka haife su ba. A shekarar 1908 an kai motocin Cadillac guda uku filin gwaji na Brooklands a Ingila, aka warware su gaba ɗaya, aka cakuɗa sassansu wuri guda, aka sake haɗa motoci uku daga tarin, kuma kowace ta yi tafiyar mil 500. A lokacin an ɗauki wannan a matsayin abin al'ajabi har aka ba kamfanin kambi. Sirrin kuwa bai wuce abu biyu ba, wato zanen asali mai bayyana girman kowane sashe da iyakar kuskuren da aka yarda da shi, da kuma ma'aunin da ke tabbatar da cewa ba a ƙetare wannan iyaka ba.

Yau fasahar awon ta kai wani matsayi da ya kamata mai karatu ya san yadda take aiki, ko da kuwa ba injiniya ba ne, domin ina kyautata zaton nan ba da jimawa ba za mu fara ganin ta cikin kasafin kuɗin hukumomi. Injiniya kan zana sashen inji a kwamfuta da cikakkiyar siffarsa, tsawo da faɗi da kauri. Bayan an ƙera shi, sai a kawo na'urar sikana, wadda ke haska masa hasken leza ko wasu layukan haske, kyamarorinta kuma su ɗauki yadda hasken ke lanƙwasa a jikin ƙarfen. Cikin 'yan mintoci na'urar kan tattara miliyoyin ɗigo, kowane ɗigo da matsayinsa, har su haɗu su ba da siffar abin kamar yadda ya fito daga hannun maƙeri. Daga nan manhajar bincike, irin su PolyWorks ko Geomagic Control X ko ZEISS Inspect, za ta ɗora wannan siffa a kan zanen asali ta kwatanta su. Sakamakon kan fito da launuka: inda aiki ya yi daidai ya nuna kore, inda ƙarfe ya yi yawa ya nuna ja, inda ya gaza ya nuna shuɗi. Na'urori masu kyau kan gano saɓanin da bai wuce kashi biyu ko uku cikin ɗari na milimita ba, alhali kaurin silin gashin mutum ya kusa kashi bakwai. Da fulin ɗan'uwana ya bi ta wannan hanya, da tun kafin ya bar Kano an ga gefe ɗaya ja, ɗaya gefen shuɗi.

Abin da ya fi jan hankalina a nan shi ne, wannan hoto mai launi harshe ne da kowa ke ji. Maƙerin da bai yi nisa a boko ba, wanda takardar injiniya mai cike da lambobi za ta rikita, da zarar ya ga ja a gefen abin da ya ƙera ya san inda zai rage. Mai saye ma ya samu hujja a hannu, an huta da rantse-rantse.

Me ya sa maganar ta taso yanzu? Idan mai karatu bai manta ba, kafin a saki darajar Naira a watan Yunin 2023 Dala na kusan Naira 460 ne a farashin gwamnati, amma a farkon 2024 ta haura 1,500. Kayan gyaran da ake shigowa da su daga Sin da Indiya, har da na gwanjon da muke kira Beljiyam, suka yi tashin gwauron zabo. Wannan ya tura jama'a wajen maƙeran gida ko suna so ko ba sa so, wato kasuwar da aka yi shekaru ana nema ta zo da ƙafarta. Ita ma gwamnati ta shigo ciki. A watan Mayun 2025 Majalisar Zartarwa ta Tarayya ta amince da manufar fifita kayan Nijeriya a duk sayayyar gwamnati, kafin nan kuma a watan Nuwamban 2023 Shugaba Tinubu ya sa hannu a kan sabuwar dokar DICON, kamfanin ƙera kayan yaƙi da aka kafa a Kaduna tun 1964, wadda ta buɗe masa ƙofar haɗa gwiwa da 'yan kasuwa. Ba wannan ne karon farko ba. Osinbajo ya sa hannu a kan umarni makamancin wannan a 2017 lokacin yana riƙon ƙwarya, Buhari ya ƙara wani a 2018. Mun ji jawabai masu daɗi a duk waɗannan lokuta, amma a nawa ganin ba a ba tambaya mafi muhimmanci haƙƙinta ba: idan hukuma ta ba da odar sassan famfo dubu biyar ga maƙeran gida, wane ne zai auna su, da wane ma'auni, kuma da wane zane za a kwatanta?

Duk jami'in da ya taɓa zama a kwamitin bayar da kwangila ya san amsar da ake bayarwa a aikace. A kawo samfuri ɗaya mai kyau, a jujjuya shi a hannu, a ƙwanƙwasa, a sa hannu a takarda. Sauran kuwa sai abin da hali ya yi. Idan suka lalace, sai a ɗora laifin a kan “kayan gida”, a koma wa na waje, alhali ba a taɓa gaya wa maƙerin abin da ake buƙata a rubuce ba. Ta haka maƙeri na kirki da mai algus suka zama ɗaya a idon mai saye, kuma a kasuwar da ba a iya bambance su, mai algus ne ke cin riba tunda nasa ya fi araha. Wannan ita ce babbar ɓarnar rashin awo, domin tana korar na ƙwarai daga sana'a.

Mun taɓa samun damar koyon wannan al'ada muka bari ta kuɓuce. Kamfanin Peugeot da ya fara haɗa motoci a Kaduna a 1975, da NTM mai haɗa manyan motocin Fiat a Kano, da Steyr a Bauchi, an kafa su ne da burin cewa sannu a hankali ƙananan masana'antu za su taso a kewayensu suna ƙera musu sassa. Irin waɗannan kamfanoni ba sa karɓar ko noti ɗaya sai ya dace da zane, kuma a ƙasashen da abin ya ɗore, wannan matsin lamba na babban mai saye shi ne makarantar ƙananan maƙera. Da masana'antunmu suka durƙushe daga shekarun 1980, sai makarantar ta rufe tun ɗalibai ba su yi nisa ba.

Akwai darasi a birnin Sialkot na Pakistan, wanda ya yi suna wajen ƙera almakashi da sauran kayan tiyata a ƙananan shaguna irin namu. A 1994 hukumar kula da abinci da magunguna ta Amurka ta taƙaita shigar kayansu saboda ba su cika ƙa'idar inganci ba. Maƙeran ba su tsaya kukan an yi musu ƙiyayya ba. Ƙungiyarsu ta ɗauko ƙwararru daga waje su horar da su, aka inganta ɗakin gwajin ƙarfe da kowa ke amfani da shi, cikin 'yan shekaru da dama daga cikinsu suka samu shaidar inganci suka koma kasuwar. Kusa da mu kuma, a unguwar Suame ta Kumasi, jami'ar kimiyya da fasaha ta birnin ta buɗe cibiya a tsakiyar makanikai da maƙera tun 1980, ta kai musu injuna da ilimi har inda suke. Ba a jira maƙeri ya sa riga mai kyau ya zo jami'a ba.

To sai dai fa, tunda na yabi na'urar, wajibi ne in faɗi iyakarta, domin na san halinmu. Da zarar an ji sunan sabuwar na'ura, sai a sa ta a kasafi, a sayo ta da tsada, a yanke ƙyalle, a rufe ta a ofis ƙura ta cinye ta.

Na farko dai, manhaja ba ta da abin da za ta kwatanta da shi idan babu zanen asali, kuma mafi yawan abin da ake ƙerawa a Kano ba shi da zane. Ana iya haska tsohon sashe a fitar da zane daga jikinsa, amma idan wanda aka haska ya cinye, an maimaita kuskuren Balan ke nan, sai dai wannan karon da kwamfuta. Dole a samu injiniyan da zai zauna ya tantance yadda abin ya kamata ya kasance, ya kuma yanke inda ake buƙatar tsanani da inda za a yi sassauci. Wannan aikin ƙwaƙwalwa ne, ba a sayo shi a kwali.

Sannan shi kansa ma'aunin yana buƙatar a auna shi. Madubin hangen taurari na Hubble da Amurka ta harba a 1990 ya tafi sama da kuskure a gogewarsa wanda bai wuce kashi ɗaya cikin hamsin na kaurin gashi ba, kuma dalili shi ne na'urar da aka gwada shi da ita an haɗa ta ba daidai ba. Sai a ƙarshen 1993 'yan sama-jannati suka je suka gyara. Idan wannan ya faru da Amurka, ina ga na'urar da ta sha jijjiga a hanyar Legas zuwa Kano ba a sake daidaita ta ba? Hukumar SON, wadda aka kafa a 1971, ta gina cibiyar awo ta ƙasa a Inugu, kuma a can ya kamata igiyar kowane ma'auni ta ƙare. Inugu kuwa da nisa daga Sharaɗa. Ga kuma zafi. Ƙa'idar duniya ita ce girman da ke rubuce a zane girman abu ne a ma'aunin zafi 20, alhali sandar ƙarfe mai tsawon mita ɗaya kan ƙaru da kusan rubu'in milimita idan zafi ya kai 40, wanda ba baƙo ba ne gare mu a watan Afrilu. Sanholo kuwa ƙaruwarsa ta ninka haka. Wato ɗakin awo yana buƙatar sanyi da wutar da ba ta ɗaukewa, kuma kowa ya san matsayin wuta a ƙasar nan.

Abu na uku shi ne wanda ya shafi rai. Sikana siffar waje kawai take gani. Ba ta san ko ƙarfen ya sha wutar da ta dace ba, ba ta ganin kumfar da ta ɓuya a cikin zubi, ba ta san ƙarfin walda ba. A watan Oktoban 2024 tukunyar iskar gas ta wata mota ta fashe a gidan mai a Benin ta raunata mutane, hukumomi kuma suka bayyana cewa tukunyar haɗin gefen titi ce da ba ta cika ƙa'ida ba. Irin wannan tukunya tana iya fitowa kore shar a allon kwamfuta ta kuma hallaka mutane. Saboda haka awon siffa ɓangare ɗaya ne. Gwajin ƙarfe da na matsi suna nan da nasu matsayin, kuma duk wanda ya ce na'ura ɗaya ta wadatar, dillali ne.

Hasali ma, ba kowane aiki ne ke buƙatar sikana ba. Inda ta fi amfani shi ne a siffofi masu lanƙwasa, kamar fankar cikin injin ban-ruwa, da kayan zubi, da ma'aikatar da ake zuba roba a cikinta. Amma sandar da boris ke zama a kai, ƙaramin ma'aunin hannu mai kama da awartaki da ɗan'uwansa mai murɗawa sun fi dacewa da ita, kuɗinsu kuma bai taka kara ya karya ba. Akwai ma gejin nan mai baki biyu, ɗaya dole ya shiga, ɗaya dole ya ƙi shiga, wanda yaron shago zai koya cikin minti biyar. Famfon tuƙa-tuƙa na India Mark II, wanda shi da ire-irensa suka cika ƙauyukanmu, ya bazu a duniya ne tun ƙarshen shekarun 1970 saboda an tsayar masa da zane ɗaya, aka ba kamfanoni da yawa damar ƙera shi, aka kuma sa masu bincike na daban su duba kafin a karɓa. Babu sikanar leza irin ta yau a lokacin. Tsari ne ya yi aikin.

Saboda haka shawarata ga Gwamnatin Jihar Kano da ƙungiyoyin masu masana'antu ba ta sayo na'urori barkatai ba ce. Muna da cibiyar HEDI ta hukumar NASENI a Kumbotso, wadda aikinta ke nan ƙera famfuna da dangoginsu. Muna da tsangayar injiniya a Jami'ar Bayero. Muna da Jami'ar Kimiyya da Fasaha ta Aliko Dangote a Wudil, wadda daga Gaya ba wata tafiya ba ce. Sikana ɗaya mai kyau a ɗaki ɗaya mai sanyi da wutar sola, da ma'aikata biyu ko uku da aka horar aka kuma riƙe su da albashi mai kyau, za ta ishi ɗaruruwan maƙera idan an buɗe musu ƙofa suna biyan kuɗi kaɗan a kan kowane aiki. Ta fuskar manhaja ma akwai sauƙi, domin akwai irin su CloudCompare da ake samu kyauta, waɗanda sun isa a koyar da ɗalibai. Kuma ya kamata ɗakin ya samu reshe a tsakiyar maƙera, kamar yadda aka yi a Kumasi, tunda mai shago ba zai rufe shagonsa yini guda don ya je ya yi layi a ƙofar jami'a ba.

Aikin farko da zan so a ba wannan ɗaki shi ne a zagaya ƙananan hukumomi irin su Gaya da Ajingi, a tambayi masu injin niƙa da masu gyaran rijiyar burtsatse da manoman rani, waɗanne sassa ne suka fi lalace musu. Na tabbata jerin ba zai yi tsawo ba. A sayo sababbinsu na asali, a haska, injiniyoyi su fitar da zane mai iyakar kuskure, a raba wa maƙera kyauta tare da geji. Ɗaliban shekarar ƙarshe da ke neman batun bincike, ga batu nan da zai amfani iyayensu. Daga nan kuma hukumomin samar da ruwa da na aikin gona su rubuta a takardar kwangila cewa ba za a biya kuɗi ba sai da rahoton awo na wasu sassa da mai bincike ya zaɓo da hannunsa daga cikin kayan, ba wanda ɗan kwangila ya miƙo ba. Wannan sharaɗi ɗaya ya fi taron bita goma.

Na san wasu daga cikin maƙeranmu za su ji kamar ana ƙoƙarin kawo musu 'yan boko ne su raina aikinsu, ko kuma a ƙirƙiro wata sabuwar hanyar karɓar kuɗi a hannunsu. Tsoro na biyun yana da tushe, domin mun sha ganin takardar shaida ta zama haja. Shi ya sa ya kamata ƙungiyoyinsu su samu kujera a hukumar da za ta kula da ɗakin, a kuma riƙa ba maƙeri hoton sakamakon ya gani da idonsa. Game da na farkon kuwa, gyara kayanka bai zama sauke mu raba ba. Tun daga watan Janairun 2021 aka buɗe ciniki a ƙarƙashin yarjejeniyar kasuwanci maras shinge ta Afirka, kuma ɗan kasuwar Maraɗi ko Damagaram da ya saba sayen injin sussuka a Kano yana da zaɓin sayen na wata ƙasa idan ya gaji da dawo da kaya.

Shi dai ɗan'uwana daga baya ya ranci kuɗi ya sayi fulin waje. Na gidan yana nan ya rataye shi a jikin azarar rumfa, kuma ya ce idan aka buɗe irin wannan ɗaki a Wudil, shi ne zai fara kai nasa, don ya san ko zubin ne ya karkace ko ramin.